ZANEN GAWAYI

Shafi na 27

Masu cika mini waya da "ina ci gaba, ina ci gaba", ga shi nan, ku sarara mini haka. Wata har cewa ta yi in ban sako yau ba, za ta hau mota ta zo ta zauna mini a ƙofar gida. Ki zo hajiya, akwai gero a turmi yana jiran mai ƙarfi. Ku kuma masu zagin Yazid tun shafin baya, ku ɗan riƙe bakinku tukuna.

*

Iya Sahura ta tsoma gawayin a ruwa, ta kama haɓar Abdussalam ta juyo da fuskarsa.

"Tsaya wuri ɗai. Kai ko ɗan akuya ya hi ka natsuwa."

"Iya, hannunki ka rawa, ba huskata ba."

"Hannun da yag goye ka? Ruhe man baki."

Ta ja layi biyu a kuncinsa na dama, daga gefen baki har kusa da kunne, zanen Arawa sak. In dai babban wasa ne ba ta yarda kowa ya yi masa zanen nan, ko da Zalika matarsa ce. Shi ya sa ta biyo su tun daga Dogon Dutsi da ciwon gwiwarta, ta zo ta zauna a bayan dandali inda aka kewaye da zana.

Ta wancan gefen zanar kuwa, Tibiri ta cika ta batse. Bikin taubasantaka ake yi, wato wasan barkwanci na gado tsakanin ƙabilu, an yi la'asar, rana ta yi sanyi, mutane har kan katanga da kan amalanke. Wasu tun daga Kangiwa suka tsallako iyaka a kan babur, duk don mutum ɗaya.

Wanda bai san Abdussalam ba a ƙasar Arewa, ƙasar Arawan Nijar, ko dai jariri ne ko kuma wayarsa ta faɗa rijiya. Tun yana ɗan lakwal, wato makarantar boko, a Dogon Kiriya yake kwaikwayon mushensu, wato malaminsu, har mushen ya manta da bulala ya kama ciki. Daga nan sai gidajen biki, sai rediyo, yau ga shi a wayar kowa. Yana da wata riga da tela ya haɗa masa, rabi shadda mai walƙiya, rabi yadi mara hayaniya. In ya juya wa jama'a ɓangaren shaddar ya zama Alhaji ɗan Najeriya, mai magana kamar yana faɗa da janareta, wanda a saninsa duk ɗan Nijar ko mai gadi ne ko mai shayi, har yana tambayar inda gwamnati ke ɗaure raƙumanta. In ya juya ɗaya ɓangaren ya zama Mushe ɗan Nijar, takardu a hammata, mai iya shekara yana jiran patron, wato maigidan ofis, ya fito daga taro, wanda zai rantse maka duk ɗan Najeriya da kwalbar fetur a hannu aka haife shi. Su yi ta cacar baki a jikin mutum ɗaya, sai can a ƙarshe a gano kakarsu guda. Mutane su yi dariya har da hawaye, su koma gida kowa yana ɗan jin kunyar abin da ya saba faɗa a kan maƙwabcinsa. Ni dai ban ga wanda ya iya wannan ba sai shi, kuma ba na ɓoye muku ina cikin masoyansa.

Yana da doka guda da bai taɓa karyawa ba. Kafin ya taɓa kowa sai ya fara da Arawa, mutanensa, ya wanke su tas. Dalilin zanen ke nan, don shi fuskarsa sumul take. In an tambayi Iya Sahura sai ta ce lokacinsa wanzamin garinsu ba shi da lafiya.

Amma duk cikin mutanen da yake rikiɗa ya zama, babu kamar Garso, jagoran makiyaya mai malfa da sanda, wanda ya sayi waya ya dage sai an saka masa lambar saniyarsa. Garso ne ya gina masa gida, Garso ne ke ciyar da ƴan ƙungiyarsa. Kuma Garso ne ya jawo masa Yazid, shugaban ƙungiyar makiyayan wajen Sukukutane, wanda ya kai ƙara gaban manya cewa yara sun fara bin mata masu tallan nono a kasuwa suna yi musu kiran Garso. Kun tuna amsar da Abdussalam ya bayar a rediyo:

"Ni Ba'are na, ɗan Marwa na Dogon Kiriya. Bahillace taubashina na. Wasanmu gado na, ba ni nif fara shi ba. Yaran da ka bin mata kasuwa kuwa, ni da kaina za ni ja musu kunne."

Ya kuma ja musu, a wasansa na gaba. Dattawan ɓangare biyu suka ce gaskiyarsa, tsakanin Ba'are da Bafillace ba a shiga. Magana ta mutu. A kan wannan kalma guda, taubashi, Garso yake tsaye da ƙafafunsa.

Iya Sahura ta sake tsoma gawayin za ta kama kuncin hagu, sai Zalika ta ɗaga zana ta leƙo.

"Baban Husna, kana da baƙi."

"Bayan wasa."

"Yazid na. Da wata tsohuwa."

Abdussalam ya yi murmushi. Shi irin mutanen nan ne da in sun ga rigima tafe sai su gyara mata wurin zama.

"Ce su shigo."

Yazid ya fara shigowa, dogo, fuska a ɗaure kamar kullum, ya yi sallama a taƙaice. A bayansa wata tsohuwar Bafillata, siririya, ta lulluɓe da baƙin zane, ƙafafunta duk ƙurar hanya.

Abdussalam ya miƙe ya buɗe hannuwa.

"A'a, yau bayina sun tuna da ubangijinsu. Inna, ina nonon? Ko kin shanye bisa hanya, ruwan ɗai kinka rago man?"

Ko wace Bafillata ce a ƙasar nan ta san amsar wannan. Za ta ce Ba'are da ya samu ruwan ma ai ya gode Allah, a yi dariya, a zauna. Tsohuwar ba ta karɓi wasan ba. Kallonsa kawai take, daga goshi zuwa haɓa, daga haɓa zuwa hannu.

Yazid ya ce, "Ba wasa yak kawo mu ba. Innata ta. Ta ga bidiyonka ga wayar jikanyarta, tun rannan ba ta cin abincin kirki. Tac ce sai na kawo ta ta gan ka ido da ido. Ni ko nic ce to, wataƙila ita ta hwaɗa maka abin da mu munka kasa."

"Bismilla Inna, zamna. In zagi na, ki yi a hankali, ban ci komi ba tun sahe."

Ba ta zauna ba.

"Kiran nan da ka ka yi," ta ce, muryarta ƙasa ƙasa. "Na shanu. Wa yak koya maka shi?"

"Ba kowa. Ni nih haɗa abina."

"Yi shi in ji."

"Inna, yanzu za ki ji shi ga lasifika, har ki gaji."

"Nan ni ka son ji."

Ya dubi Zalika, ta ɗaga kafaɗa. Ya ɗora tafin hannu a kunne yadda Garso ke yi, ya rage murya.

"Hooo Wule... hooo Saye... Ɓale, Ɓale, hooo..."

Sai ya yi ɗan tarin nan nasa, wanda in ya yi shi a dandali jaki ke amsawa daga bayan zana, fili ya kece da dariya. Nan ba wanda ya yi dariya.

"Domi ka ka tari nan wurin?"

"Nan a ka dariya, Inna."

Zalika ta sunkuyar da kai. Ita ta san ba haka ba ne. Ta taɓa tambayarsa tun suna sabon aure, ya ce mata in ya kai nan sai ya ji kamar akwai saura, amma ba ya zuwa, shi ya sa ya toshe ramin da tari.

Tsohuwar ta ce, "Kowane gida da kiran shanunsu. Saniya ba ta amsa kiran wani gida. Wule ita ta uwar garkenmu. Saye ɗiyarta. Ɓale mai gardama ta, sai an kira ta sau biyu, shi as sa ka ka maimaita ta ba ka san dalili ba."

Murmushin Abdussalam ya tsaya a inda yake.

"Shekarar yunwa dus sunka mutu. Mai kiran ma ya rasu bisa hanyar kudu, ina da cikin wanga." Ta nuna Yazid ba tare da ta dube shi ba. "Shi bai taɓa jin kiran ba. Mutum biyu ɗai sunka rage duniya da sunka san shi a jere hakanga. Ni, da yaron da ka zama bisa wuyan mai kiran."

Yazid ya ce, "Inna, mi ki ka hwaɗi?"

Tsohuwar ta juya a hankali wajen akwatin kaya, inda Iya Sahura ke zaune tun shigowarsu ba ta motsa ba, ta ja gyale ta rufe rabin fuska.

"Sahura. Kin tsuhwa."

Iya Sahura ta ɗago kai.

"Ke ma kin tsuhwa, Dado."

Abdussalam ya dubi wannan, ya dubi waccan. Mutumin da ke iya juya dubban mutane da gira ɗaya, yau ya rasa inda zai ajiye hannunsa.

"Iya, kin san ta?"

"Na san ta."

"Daga ina?"

Iya Sahura ta kau da kai. Inna Dado ce ta amsa.

"Mun sauka bayan garinku da abin da yar rage muna na shanu, za mu kudu biɗar ciyawa. Yaron na da ƙyanda, ba shi ko ɗaga kai. Ubanai yac ce in mun tahi da shi, bisa hanya za mu gina mai rami. Yac ce shina da taubashi cikin gari, Marwa. Taubashi ba shi cin amana. Munka kai shi da dare, da niyyar in ruwa ya sauka mu komo."

"Ba ku komo ba," in ji Iya Sahura. Muryarta ta yi kaifi.

"Mijina ya mutu. Shanu sun ƙare. Ina da ciki, cikin ƙasar da ban san kowa ba."

"Kin bar man shi ƙashi da hwata. Idonai a ruhe. Ni nit tauna gero nis sa mai ga baki. Ni nik kwana zamne da shi bisa ƙahwata har damina ta wuce. Sannan ban da ɗa ko guda, Dado, kin sani. Ranar da yab buɗe ido, ni yag gani. Ni yac ce ma Iya."

"Na aiko."

"Kin aiko."

"Ƙanena nit turo, bayan na samu kaina. Yad dawo yac ce man yaro ya rasu."

Iya Sahura ta sauke gyalen daga fuskarta. Ba ta dubi Inna Dado ba, ɗanta ta duba.

"Marwa ya tahi kasuwar Dutsi rannan. Nig ga Bahillace tahe shina tambayar gidanmu. Nid ɗauke ka nis sa cikin rumbu, nib ba ka ƙuli-ƙuli nic ce kak ka yi motsi, wasan ɓoyo mu kai. Nih hito nic ce mai ka rasu." Ta ajiye gyalen a cinya. "Allah shi gahwarta man. Amma ko yau anka maido ranar, rumbun za ni sa ka."

Jama'a, ni kaina da nake rubuta muku ban san wadda zan ba gaskiya ba. Kowace na duba sai in ji tausayinta ya kama ni.

Abdussalam ya koma ya zauna a kan akwatin, a hankali, kamar wanda ya tashi daga jinya.

"Na tuna rumbun," ya ce. "Na ɗauka wasa na."

Daga waje ana jin mai gabatarwa yana gode wa manyan baƙi ɗaya bayan ɗaya, jama'a na gunaguni don sun gaji da jawabi.

Ya kai hannu ya shafa kuncinsa na hagu, wanda ba a kai ga zanawa ba.

"Wanzamin da kinka ce ba shi da lahiya."

"Lahiyatai lau."

"Rabilu ƙanena na da zane. Ni ban da."

"Na roƙi Marwa har da kuka. Nic ce shi kira wanzami a yi maka, in an yi ba mai zuwa shi ce kai nashi na. Yac ce a'a. Yac ce ba a sa aska ga amana. Huskar ɗan mutane ta, yadda anka kawo ta haka za a maida ta. Da yaj ji abin da niy yi na rumbu, wata guda bai ci tuwona ba. Ya bi sawunsu har bakin iyaka, bai ishe kowa ba. Har ya rasu shina ce man, Sahura ki hwaɗa mai."

Ta ɗaga gawayin da ke hannunta, ya jiƙe ya ɓata mata yatsu.

"Abin da anka hana ni da aska, shi ni ka yi da wanga. Kai kana ganin kayan wasa na. Ni kowane zane niy yi maka, har cikin raina ni ka yin shi."

Zalika ta juya baya tana share ido da bakin zane.

Sai a lokacin Yazid ya samu bakinsa. Ya cire hula, ya mayar, ya sake cirewa.

"Inna. Wanda kinka ce ya rasu ga Arawa tun ban zo duniya ba. Wanda mu ka yi ma addu'a kowace salla."

"Shi na."

"Wanda nik kai ƙara."

"Shi na."

Yazid ya dubi Abdussalam, irin kallon da bai taɓa yi masa ba. Dogon hancin, siraran yatsun, duk abin da yake gani a madubi kullum.

Abdussalam ya yi wata ƴar dariya mara daɗi.

"Ashe ƙanena yak kai ni gaban manya. To ai gara, abin bai hita gida ba."

Ko a nan sai da ya nemi abin dariya. Halinsa ne, ba ya iya bari.

Yazid bai yi dariya ba.

"Ka gane abin da wagga magana ka nuhi?"

"Hwaɗa man."

"Ka ce ma duniya kai Ba'are na, taubashi, shi as sa manya sunka ce in yi shiru. Yanzu ba taubashi. In ka hita da malhwar ga kac ce kai ɗan Marwa na, ka san ƙarya ka kai. In ko kac ce kai namu na, Bahillace ba shi tsayawa gaban jama'a shi maida gidansu abin dariya. Ba mu da wagga al'ada. Ko ta ina, Garso ba shi da wurin tsayawa."

"Yazid," in ji Zalika da sauri, "ba wanda yaj ji sai mu."

Ta matso ta durƙusa gaban mijinta.

"Baban Husna, saurare ni. Iya ta ƙarasa maka zanen, ka hita ka yi wasanka yadda kas saba. Gobe a zamna cikin gida a yi magana ta hankali. Yaran ƙungiya duka ga Garso su ka ci. In maganar ga ta hita yau, waɗanda ka jin haushinka sun samu sanda. Arawa su ce ba namu ba na, da wane baki yaz zage mu shekara da shekaru. Hillani su ce namu na, ya sai da mu. Wa za ya gayyace ka biki bayan hakan?"

Gaskiya ta faɗa, kuma duk wanda ke wurin ya san gaskiya ce.

Ta ɗago ta dubi Yazid. "Kai ko, za ka tona shi?"

Yazid ya juya hular da ke hannunsa.

"Jiya da na samu wagga magana, da na hau dandalin da kaina na amshe makiruho." Ya mayar da hularsa. "Yau ba ni iyawa. Ba ni tona ɗan innata gaban mutane. Shi ya san abin da za shi yi."

Inna Dado ta matso taku biyu. Ba ta taɓa shi ba. Su ba sa rungumar ɗa a gaban jama'a, ko da ɗan ya dawo daga kabari ne. Hannunta dai yana ta murza bakin zanenta.

"Ban zo amsar ka ba," ta ce. "Wadda tat tauna maka gero ita ta uwarka, ban da bakin hana ta. Ban zo hana ka wasa ba kuma. Wanga," ta nuna Yazid, "ya ɗauka hushi ya hana ni cin abinci. Ba hushi ba na."

"To mi na, Inna?"

"Da anka nuna man, dariya niy yi. Na yi dariya har jikokina sunka taru suna kallo na. Yadda ka ka aza sanda bisa kahwaɗa ka rataya hannuwa. Yadda ka ka tsayawa da ƙahwa guda in ana maka magana. Yadda ka ka yin kamar ba ka gane ba, alhali ka riga kowa ganewa. Su suna ganin Garso. Ni mijina nig gani, shina tahiya, bayan na haƙura da ganin shi har lahira."

Abdussalam ya rufe fuska da hannu biyu. Gawayin kuncin dama ya ɗan shafu a tafinsa.

"Sai da kaz zo ga tarin," ta ce, "sannan nid daina dariya."

Ya sauke hannun.

"Akwai saura ko?"

"Akwai."

"Na sani. Shekara da shekaru ina jin shi nan," ya dafa maƙogwaro, "ba shi hitowa. Mi ab bayan Ɓale?"

"In ya gama kiran shanu, sai shi kira ɗanai. Shi aƙ ƙarshen garke. Yaron na bisa wuyanai, amma sai ya kira shi da ƙarhi kamar shina nesa, yaron shi amsa daga sama, su yi ta dariya su biyu."

"Mi as sunan?"

Ta ja zanenta ta rufe baki.

"Inna, mi as sunana?"

"Kira na daji. Ba a hwaɗin shi cikin ɗaki."

Daidai nan lasifika ta ɗauka, har zanar na rawa.

"Jama'ar Tibiri, kun yi haƙuri. To ga wanda kuke jira. Ɗan Marwa na Dogon Kiriya, Ba'are uban Hillani..."

Fili ya ɗauka gaba ɗaya. "Garso. Garso. Garso."

Iya Sahura ta miƙe da ƙyar, ta dafa gwiwa. Ta tsoma gawayin a ruwa.

"Kawo kuncin, ɗana. In ƙarasa."

Ya tashi tsaye. Ya kama hannun nata da nasa biyu, ya riƙe, ya daɗe bai saki ba.

"Iya, wanga na dama naki na. Ba mai goge shi, ko ni."

"To na hagun?"

"Bar shi yadda Baba yab bar shi."

"Baban Husna," in ji Zalika.

Ya ɗauki malfar ya kifa a kai. Ya ɗauki sandar ya ɗora a kafaɗa, ya rataya hannuwa. Inna Dado ta kau da kai da sauri.

Ya ɗaga zana ya fita.

Ihun da ya tarbe shi sai da tsuntsaye suka tashi daga kan bishiyoyin bakin fili. Ya tako a hankali irin takun Garso, ya tsaya da ƙafa guda a tsakiyar dandali yana kallon jama'a kamar bai san me ya tara su ba. Tun bai ce uffan ba wasu sun fara riƙe ciki.

Wani daga kan katanga ya hango fuskar, ya ɗaga murya.

"Garso, ina sauran zanen?"

Bai ko yi jinkiri ba.

"Wanzamin ɗan Nijar na. Ya yi rabi, yac ce patron na kiran shi taro, in komo gobe."

Fili ya kece.

"Nic ce bari in kai ma ɗan Najeriya shi ƙarasa. Yac ce shi ba shi da aska, amma shina da wadda ta hi aska, in biya tukuna."

Har manyan baƙi da ke kan kujeru suna dukan cinya. Ƴan Kangiwa sun fi kowa dariya. Ku dubi mutumin nan don Allah. Ƙasa ta tsage a ƙarƙashinsa ko minti nawa ba a yi ba, amma ga shi yana raba wa mutane farin ciki da hannu biyu. Irinsu ba su da yawa.

Zalika na leƙe ta ramin zana, tana addu'a a ranta ya wuce wurin kiran, ya shiga labarin waya, a tashi lafiya. Yazid na tsaye a bayanta. Ba wanda ya lura lokacin da Inna Dado ta zame ta fita ta gefen dandali.

Abdussalam ya gyara tsayuwa. Ya ɗora tafin hannu a kunne.

Jama'a suka yi tsit, kowa ya san abin da ke tafe. Yaron ƙungiya mai kukan jaki ya shirya a bayan zana, yana jiran tari.

"Hooo Wule..."

Wannan karon bai yi shi da muryar wasa ba. Ya sake ta gaba ɗaya, ta tafi har bayan gari.

"Hooo Saye..."

Wasu tsofaffin makiyaya da ke tsaye can baya da sandunansu suka ɗago kai.

"Ɓale... Ɓale... hooo..."

Bai yi tari ba.

Ya tsaya, hannu a kunne, ido a rufe. Mai kukan jaki ya dubi Zalika, ta girgiza masa kai. Mutane suka fara duban juna, wasu na ƴar dariya suna jiran inda wasan zai faɗa.

Sai wata murya ta taso daga gefen dandali, tsohuwar murya, siririya, ba lasifika, amma ba wanda bai ji ta ba.

"Hooo Yerooo..."

Kawuna suka juya. Tsohuwar Bafillata ce tsaye ita kaɗai, hannunta a kunne, hawaye na bin fuskarta.

A bayan zana, gawayin ya suɓuce daga hannun Iya Sahura.

Makirufo na daidai bakin Abdussalam. Manya na zaune, wayoyi a sama suna ɗauka, Arawa da Fulani duk sun zuba masa ido, kunci ɗaya da zane, ɗaya babu.

Ya buɗe ido.

"Na'am, Inna."